Yadda Na Je Makka Ɗauko Auta

Da sunan Allah nake farawa, Shi ne ke kai bawa inda Ya so, Ya komo da shi idan Ya ga dama. Tsira da aminci su tabbata ga Manzonsa.

Tun da na dawo daga Umra abokan zamana na ƙofar masallaci ba su bar ni na huta ba. Wannan ya ce in faɗa masa yadda cikin jirgi yake, wancan ya ce wai da gaske ne Larabawa da burodi suke cin wake. Wasu kuma na san ba jirgi ne ya dame su ba. Labarin ƙanina Sa'idu suke so su ji, kunya ce ta hana su tambaya. Na gaji da gutsura zancen, shi ya sa na zauna na rubuta shi da ajami, rubutun da hannuna ya saba da shi, na bayar aka juya shi zuwa boko don kowa ya karanta.

Da Sa'idu zan fara, don ba domin shi ba da ban yi tafiyar a wannan shekara ba. Shi ne autan mahaifiyarmu, kuma Auta take kiransa. Makarantar allo ɗaya muka yi a nan Malumfashi. Na fi shi hadda, ya fi ni murya. Da ya tasa sai ya koyi ɗinki ya tafi Kaduna, har ya samu aikin ɗinka wa 'yan wasan kwaikwayo na talabijin kaya. Wannan a zamanin da talabijin ɗaya ke unguwa, baƙi da fari, a fito da ita ƙofar gida bayan Magariba yara da manya su zauna a ƙasa. Wata rana wanda zai fito a ɗan daudu mai sayar da waina bai zo ba. Sa'idu ya iya kwaikwayon mutane tun yana ƙarami, sai aka ɗaura masa zani aka ce ya gwada. Sunan da aka ba shi a wasan Lantana. Zai shigo yana karairaya, ya tafa hannu ya ce, “Ni Lantana, ina zan sa kaina!” jama'a su kwashe da dariya.

Wasan bai wuce shekara biyu ba aka daina shi, amma sunan ya zauna. Ya nemi aure, uban yarinyar ya ce shi ba zai ba Lantana 'yarsa ba. Wata rana liman bai zo ba a masallacin tasha, aka tura shi gaba saboda muryarsa, yana kai ƙarshen Fatiha wani a sahu ya kasa riƙe dariya. Daga ranar bai ƙara shiga gaban kowa ba. Da gari ya ƙara zafi a kan 'yan daudu da duk wanda aka jingina da su, sai ya bi alhazai ya tafi Makka, ya zauna can yana dafa abinci. Yakan aiko da gaisuwa da turare, da wayar hannu ta zo yakan kira. Rannan ya kira ta wayar maƙwabciyarmu, ita kuwa ta leƙo ta kan katanga ta ɗaga murya, “Inna, zo ga Lantanarki a waya!” Kafin Inna ta lallaɓo ya kashe. Shekara uku ke nan ba mu ƙara jin ɗuriyarsa ba, lambar ma ta daina shiga.

A cikin shekarun nan idon Inna ya tafi. Ranar da na gaya mata na samu kujerar Umra, sai ta laluba ta kama hannun rigata.

“Ka ɗauko min Auta,” ta ce. “Ko ba zai zauna ba. In dai shafa fuskarsa.”

Na ce, “Inna, in Allah Ya yarda.”

“Kada ka ce min in Allah Ya yarda irin ta malamai. Ka ɗauko shi.”

Ta sa aka ƙulla mata daddawa da kuka a leda uku-uku, ta ce a kai masa, ta san can ba su da ta kirki.

Mun tashi da hantsi a motar haya, muka bi ta Dayi da Gwarzo. Kafin mu shiga Kano taya ta fashe, muka sauka muka tsaya a gindin wata tsamiya. A nan na saba da Alhaji Garba, wani mai fataucin fatu, mutum mai ƙiba da fara'a, wanda ya ce wannan ce tafiyarsa ta biyar. Ashe jirginmu ɗaya, masaukinmu ɗaya. Shi ya koya mini ɗaura harami yadda ba zai kwance ba. Ya ce, “Malam, ka ja ɗamara da kyau. Na taɓa ganin wani babban attajiri nasa ya zame a matakalar jirgi, har yau in na tuna sai na yi istigfari.” Mutum ne da ba ya iya zama minti biyar bai ba wani dariya ba, kuma babu mugunta a ransa ko kaɗan. Ina so a riƙe wannan, saboda abin da zai zo.

Jirgi ban ji tsoronsa yadda na zata ba, sai dai kunnena ya toshe har muka sauka Jidda. A wurin duba fasfo aka ce in ɗora yatsuna a kan wani gilashi mai haske. Na ɗora, na'ura ta ƙi. Na sake, ta ƙi. Shekaru na riƙon alƙalami da wanke allo sun shafe zanen yatsuna. Ma'aikacin, wani saurayi mai ɗan gemu, ya yi ta cewa, “Marra tanya, ya hajj,” wato in ƙara. Daga baya ya nuna mini in goga yatsan a goshina ya samu maiƙo. Na goga, ta karɓa. Ban gama da wannan ba aka buɗe jakata, mai bincike ya kwance ledar Inna ya kai hanci. Ya ja da baya kamar an mare shi. Alhaji Garba ya matso yana cewa, “Baharat, baharat!” wato kayan ƙamshin miya. Balaraben ya dube shi, ya dubi daddawar, ya ƙulle ledar da sauri ya yi mana hannu mu wuce.

Ba zan tsawaita kan ganin Ka'aba ba, wanda ya je ya sani, wanda bai je ba Allah Ya kai shi. A shekarar ana ta aikin faɗaɗa Harami, ƙarafan gini sun kewaye shi ta kowane gefe, ƙura da ƙarar injuna ba dare ba rana. Duk da haka da idona ya faɗa kan Ɗakin sai na nemi addu'o'in da na haddace na rasa. Abin da ya fito daga bakina shi ne, “Allah Ka haɗa ni da Sa'idu.”

Masaukinmu a Misfala yake, kudu da Harami, ɗaki mai gado huɗu a hawa na tara. Sanyin na'urar ɗakin ya sa mini mura tun kwanan farko, don Alhaji Garba ba ya barci sai ta kai ƙarshe. Da safe akan sayo wani faffaɗan burodi da ake manna wa a jikin tanda, tamis sunansa, a haɗa da dafaffen wake da aka dama da mai. To ga amsarku: da gaske ne. Shayinsu a ɗan ƙaramin kofi, kurɓa uku ya ƙare. Abin da ya fi burge ni shi ne da an kira salla sai mai kanti ya ja wani mayafi ya rufe kayansa ya tafi, ba kulle ba mai gadi. Abin da ya ba ni mamaki kuma shi ne bayan kusan kowace salla a Harami sai ladan ya yi shelar sallar gawa. Ba ya faɗin sunan kowa, ba ya cewa ɗan wane ne ko daga wace ƙasa. A nan gida kafin a sallaci mutum an san sunansa da na kakansa da abin da ya kashe shi. Can kuwa sai dai ka miƙe ka yi kabbara huɗu ga wanda ba ka sani ba. Da farko abin ya yi mini wani iri.

Da na sauke Umra na shiga nema. Misfala cike take da mutanenmu, sai ka rantse a Fagge kake, sai dai Hausarsu ta sha Larabci. Wani zai ce maka, “Wallahi mafi shugul yanzu, kafil ya riƙe iƙama,” wato babu aiki, uban gidansa ya riƙe takardar zamansa. Ba a daɗe da kwashe marasa takarda ba, don haka duk wanda na tambaya sai ya fara dubana da kyau kafin ya amsa. Na ce ina neman Sa'idu ɗan Malumfashi, mai dafa abinci. Babu wanda ya san shi. Na je kasuwar Zahir, na zaga wurin masu ɗinki ko ya koma tsohuwar sana'arsa. Babu. Wani ɗalibi ɗan Zariya da ke karatun hadisi a can ya ji tausayina, ya ce in koma Misfala in nemi Hajiya Balaraba mai tuwo, duk Bahaushen da ya shekara goma a Makka ya ci tuwonta.

Na same ta a wani lungu, zaune a kan kujera 'yar tsugunno tsakanin manyan tukwane, ta rufe fuska sai ido.

“Wane Sa'idun?” ta ce. “Malam, Sa'idu a garin nan ai sun fi tattabarun Harami yawa.”

Na kwatanta shi: dogo, fari, da tsage biyu a kumatu, da murya mai daɗi. Ta ajiye muciya ta ƙura mini ido.

“Kai yayansa ne. Ga hancin nan. Malam, ko dai Lantana kake nufi?”

Ban taɓa kiran ƙanina da wannan suna ba, ko sau ɗaya. Na ce, “Shi.”

“Ai da ka faɗa tun farko da ba ka sha rana ba.” Sai kuma ta sassauta murya. “Ka yi haƙuri. Larabawan da yake wa girki Ammu Sa'id suke ce masa, wato Baffa Sa'idu, da girmamawa. Mu ne dai muka ɗauko sunan a jaka muka haye teku da shi. Da har ya fara mantuwa. Sai wani ɗan albarka ya tono tsohon kaset ya zuba a waya. Daga nan duk alhajin da ya zo cin abinci sai ya ce a yi masa Lantana, a ɗau hoto. Shi ya sa ya bar nan ya koma Utaibiyya. Kuma ba shi da lafiya, ƙoda ce. Isufu ke jinyarsa.”

Na tambaya wane ne Isufu.

“Abokin zamansa,” ta ce, ta ɗauki muciyarta. “Mutumin kirki ne. Zauna ka ci tuwo, ba a zuwa dubiya da yunwa.”

Utaibiyya tsohuwar unguwa ce, gidaje a cunkushe, lunguna suna hawa dutse suna sauka. Na hau wani bene mai duhun matakala na ƙwanƙwasa. Wani baƙin dattijo siriri ya buɗe, da tawul a kafaɗa. Bai tambaye ni ko wane ne ni ba. Ya dubi fuskata ya juya ya ce, “Sa'idu, ga Yaya ya zo.”

Da a hanya na gamu da ƙanina da na wuce shi. Ƙafafunsa sun kumbura, fuskar ta zube, gemun ya yi fari fat ya fi nawa. Muryar ce kawai ba ta canja ba.

“Yaya,” ya ce. “Inna ce ta rasu?”

“Tana nan da ranta. Ita ta aiko ni.”

Ya rufe fuska da hannu biyu. Na zauna a bakin katifar na riƙe ƙafarsa. Da na fito da ledar, tun kafin in kwance ya ce, “Daddawar Inna.” Ya sa Isufu ya ɗora tukunya, yana kwance yana ba da umarni. “Kai Bazindire, kada ka zuba kukar gaba ɗaya, kaɗa ta za ka yi. Shekara ashirin ina koya maka!” Isufu ya amsa daga madafa, “To sarkin girki, taso ka yi da kanka mana.” Loma uku Sa'idu ya iya ci, amma ya ce rabonsa da abinci ya yi masa daɗi haka tun bara.

Na san abin da wasunku ke jira in faɗa. Ga abin da na gani a ɗakin nan: katifa biyu, dardumar salla biyu, Alƙur'ani a kan taga, da mutum guda yana wanke wa ɗan'uwansa ƙafa yana goya shi zuwa asibiti sau uku a mako. Abin da shari'a ta hana na san shi, na kuma karantar da shi. Ita shari'ar ce kuma ta hana ni zato da bin diddigin abin da Allah Ya rufe. Ban tambaya ba, ba su ce ba.

Na riƙa zuwa kullum bayan Azahar. Da ƙyar na shawo kansa muka kira gida, na sa uwargidana ta kara wa Inna waya a kunne. Ya ce, “Inna.” Can sai ta ce, “Auta, ka ci abinci?” Ya ce ya ci, da daddawarta. Ta ce, “To ka zo.” Ya ce, “To, Inna.” Da aka kashe wayar ya ce in tambayi likita ko zai iya zaman jirgi. Likita ya ce in an wanke masa jini ana gobe tafiya, kuma an shirya inda zai ci gaba a Kano, zai iya. Isufu ya fara haɗa masa kaya, yana ninke riguna ba ya duban kowa.

A cikin kwanakin nan ne Sa'idu ya yi mini zancen wasan, abin da bai taɓa yi ba. Akwai 'yar talabijin a ɗakin mai kama tashoshin waje. Ya nuna ta da haɓa.

“Yaya, ka san Turawa ma suna yin wasanni a kan irin su Lantana? Masu tsawo, kashi-kashi. Yaran Makka suna kallo a ɓoye a wayoyinsu. Na ga wani sau ɗaya. Ban ce maka abin da suke yi daidai ne ba, kai ne malami. Amma mutumin cikin wasan yana da uwa. Yana zuwa aiki, yana rashin lafiya, da ya mutu aka yi kuka. Lantana fa? Ba ta da uwa. Ba ta salla, ba ta ciwon kai. Ta shigo a yi dariya ta fita. Na taɓa roƙon mai shirya wasan ya bar ni in yi kashi ɗaya, guda ɗaya tak, inda za a aiko wa Lantana cewa uwarta ta rasu, ta ajiye kaskon waina ta zauna. Ya ce mutane sun gaji da wahalar rana, ba kuka suka zo kallo ba.”

Isufu yana tsugune yana matse lemo. Bai ɗago ba ya ce, “Ni ban yi dariya ba.”

Na dube shi.

“Ina saurayi na zo Kano cirani daga Damagaram, ina ga-ruwa. Na tsaya bayan taro a wata ƙofar gida ana kallo. Kowa na dariya. Ni kuwa tun ina yaro ake dukana a kan tafiyata da maganata, na ɗauka ni kaɗai Allah Ya yi haka a duniya. Sai ga wani irina a cikin akwatin talabijin. Na ajiye tulu na tsaya har aka tashi. Da na gan shi a Misfala bayan shekaru, na je na ce masa na gode.”

“Na kusa kwaɗa masa ludayi,” in ji Sa'idu. Suka yi dariya su biyu, har tari ya sarƙe shi.

Wasa ɗaya, ya kori wani daga garinsu, ya hana wani jin shi kaɗai ne. Allah ne Ya san lissafin wannan.

Alhaji Garba ya ga ina ɓacewa kullum, ya matsa mini da tambaya, na ce ƙanina ne ba lafiya a Utaibiyya. Ya ce ai dubiya a Makka lada ce da ba a bari ta wuce, lalle sai ya bi ni. Ya sayi lemo da tuffa cike da leda. Ban ga dalilin hana shi ba.

Mun shiga ya yi sallama, ya durƙusa ya gaishe da mara lafiya da kyau, ya yi masa addu'a. Sa'idu ya amsa. Muryar ce ta tona shi. Na ga Alhaji Garba ya karkata kai, ya ƙura ido, fuskarsa ta washe kamar wanda ya ga ɗan'uwansa da ya ɓata.

“Kai! La ilaha illallahu! Malam, ashe kai yayan Lantana ne ba ka faɗa ba?” Ya tafa hannu. “Wallahi kana cikin wayata! Matana in sun yi faɗa kai nake kunna musu su shirya. Ranar da mahaifina ya rasu, da aka watse, kai na kalla na samu na yi barci. Don Allah yi min sau ɗaya. Sau ɗaya kawai, in nuna a gida!”

Ya riga ya zaro wayar ya ɗaga. Isufu ya miƙe tsaye. Sa'idu ya yi masa alama ya zauna. Ya dafa bango ya gyara zama, ya ɗaga kumburarrun hannayensa ya tafa su a hankali.

“Ni Lantana,” ya ce, “ina zan sa kaina.”

Da muryarsa ta gaskiya ya faɗa, ba karairaya. Alhaji Garba ya fara dariya, sai dariyar ta yanke. Ya dubi ƙafafun, ya dubi jakar da aka haɗa a gefe, ya dube ni. Ya sauke wayar ya sa a aljihu. Ya ce, “Allah Ya ba da lafiya,” ya fita ko takalmi bai sa daidai ba.

Bayan ya tafi Sa'idu ya ce, “Isufu, kwance kayan nan.”

Na ce, “Sa'idu, mutum ɗaya ne fa, kuma bai yi da mugunta ba.”

“Na sani, Yaya. Masoyi ne. To haka masoyan za su cika zauren Inna. In na mutu a Malumfashi, me za a ce? Lantana ta rasu. Za a zo jana'iza ana danne dariya a sahu, kamar masallacin tasha. Kafin a rufe ni an tura hoton da zani a duk wayoyin garin, Inna tana zaune ana kunna mata a tsakar gida. Ka ce min ƙarya nake.”

Na buɗe baki in ce ƙarya ne, na kasa. A Makka nake, kuma na san garinmu.

“Ka ce mata ina zuwa in na ji sauƙi,” ya ce.

“Ba zan kai mata abin da ba haka ba.”

“To ka shafa fuskata ka kai mata.”

Ya kama hannuna ya ɗora a goshinsa, ya bi da shi ta kan ido, da tsagen kumatu, da gemu. Na bar shi ya yi.

Na ci gaba da lallashinsa a kwanakin da suka rage, ban fasa ba, shi ma bai canja ba. Ana saura kaɗan mu taso jikin ya rikice, aka kwantar da shi a asibiti. Ranar wata Talata da hantsi ya cika, Isufu na riƙe da kansa, ni ina karanta masa Yasin. Kalmar shahada ce ƙarshen maganarsa, na ji da kunnena, kuma zan faɗi haka a gaban Allah.

Balaraben da yake wa aiki ya zo da kansa ya tsaya a kan takardu, yana share hawaye yana cewa Ammu Sa'id ya ciyar da 'ya'yansa tun suna ƙanana. Ni da Isufu muka yi masa wanka. Da za a ɗauki makara zuwa mota sai ga Alhaji Garba, ban san wanda ya gaya masa ba. Ya matso ya sa kafaɗa. A mota ya miƙo mini wayarsa ya ce, “Malam, ni ban iya ba. Goge min shi.” Na ce ni ma ban iya ba. Isufu ya karɓa ya goge.

Aka shigar da shi Harami kafin La'asar, aka jera shi da wasu gawawwaki, duk a lulluɓe iri ɗaya. Ban san ko su waye ba, mai yiwuwa akwai attajiri a ciki, akwai mai shara. Da aka sallame sai ladan ya yi shelar nan da na saba ji, a yi salla ga mamata. Na ji motsin mutane suna miƙewa, sama da ƙasa, ciki da farfajiya, kamar saukar ruwan sama. Baƙi da farare, mutanen ƙasashen da ban san sunansu ba. Liman ya yi kabbara. Ban ji tari ba balle dariya. A kabbara ta uku, inda ake yi wa mamaci addu'a, na roƙa wa Sa'idu gafara, Isufu yana gefena.

A maƙabartar Shara'i aka rufe shi, bayan gari. Su can ba sa jan lokaci, kafin ka gama addu'a an daidaita ƙasa. Ma'aikata suna da lissafinsu, amma a kan kabarin dutse ne kawai, ba rubutu. Na juya zan tafi na waiwaya, na kasa bambance nasa da na kusa da shi. Isufu ya raka ni har bakin motar Jidda. Na ce ya zo gida wata rana ya gaishe da Inna. Ya ce, “Wa zan ce mata ni ne?” Na ce, “Wanda ya yi jinyar Auta.” Ya gyaɗa kai, ya cusa mini sauran daddawar a jaka, ya ce shi ba zai iya jin ƙamshinta ba yanzu.

Labari ya riga ni isowa gida ta waya. Na tarar an yi zaman makoki an tashi. Na shiga ɗakin Inna na durƙusa, na ce, “Inna, ban ɗauko shi ba.”

Ta laluba ta kama hannuna na dama, kamar ta san abin da ke cikinsa. Na gaya mata yadda ya ɗora shi a fuskarsa. Ta juya tafin ta shafa shi a hankali, yatsa bayan yatsa, ta kai shi kumatunta ta riƙe.

“Ya rame?”

“Ya rame. Gemunsa ya fi nawa fari.”

“An samu mutane a sallar?”

“Inna, duk mutanen Malumfashi da ƙauyukanta ba su kai sahu ɗaya ba.”

Sannan ta matso da bakinta kusa da kunnena, kamar tana tsoron maƙwabta su ji.

“Da wane suna suka kira shi?”

Na ce, “Ba su kira suna ba, Inna. Can ba a kiran sunan kowa. Cewa aka yi a sallaci bayin Allah, aka tashi aka sallace su.”

“Ba wanda ya yi dariya?”

“Ko ɗaya.”

Ta saki hannuna, ta gyara lulluɓinta, ta jawo carbinta daga ƙarƙashin matashi.

“To ya yi daidai da bai biyo ka ba,” ta ce. “Allah Ya jiƙan Sa'idu.”

Ku ma da kuka karanta, in za ku yi masa addu'a, sunansa ke nan.